Yawon yini guda a tsofaffin garuruwan Faransa: Dalilin da na fi son bas marar ɗan jagora

Duk wanda wata hidima ta kai shi birnin Paris, ko taro ne a hedikwatar UNESCO, ko karatu, ko sarin kaya, ko rakiyar marar lafiya, akan samu yini guda da ya rage masa kafin jirginsa ya tashi. Kamfanonin yawon buɗe ido sun san da wannan yinin, kuma a kansa suke cin abinci. Shi ya sa a teburin karɓar baƙi na otal-otal za ka tarar da takardun talla masu hotunan fadoji da ganuwoyi da tashoshin jiragen ruwa, ana yi maka tayin a ɗauke ka a babbar motar safa da sassafe, a kai ka wani tsohon gari, a dawo da kai da dare.

Tikitin iri biyu ne. Akwai wanda ake haɗa ka da ɗan jagora, ya ɗaga 'yar tuta ko lema, ku mutum arba'in ko hamsin kuna biye da shi, yana bayani kuna saurare. Akwai kuma wanda aikin bas kai ka ne da dawo da kai kawai: a sauke ka a bakin gari, a miƙa maka taswira, wani lokacin a haɗa maka da manhajar bayani a waya, a ce ka dawo nan ƙarfe kaza. Na biyun ya fi araha, kuma a ganina shi ya fi, ko da kuɗinsu ɗaya ne. Sai dai yana da sharuɗɗa, kuma wanda bai cika su ba zai dawo Paris da ciwon baya da hotuna ɗari uku, amma in ka tambaye shi me ya gani sai ya yi ta sosa ƙeya.

Sharaɗin farko lissafin hanya ne, kuma a nan ne takardun talla suke yin shiru. Wurin da aka fi tallatawa shi ne Mont-Saint-Michel, wani dutse da ke tsaye a bakin teku tsakanin yankunan Normandy da Brittany, da gidan ibadar ruhubanawan Kirista a ƙoƙoluwarsa. Tarihinsa ya faro tun shekarar 708, an mayar da shi kurkuku bayan juyin-juya halin Faransa har zuwa 1863, kuma UNESCO ta saka shi cikin wuraren tarihi na duniya a 1979. Babu wanda zai gan shi ya ce bai burge shi ba. To amma nisansa daga Paris kusan kilomita 360 ne, wato ya ɗara nisan Kano zuwa Kaduna da fiye da kilomita ɗari. Zuwa da dawowa kilomita 720 ke nan a yini guda. Dokar Tarayyar Turai ta wajabta wa direban bas hutun minti 45 bayan tuƙin awa huɗu da rabi, don haka sai an ya da zango. Idan an isa, ba a bakin dutsen ake ajiye mota ba, filin ajiye motoci yana da nisan kilomita biyu da rabi, sai ka shiga wata motar ko ka taka gadar da aka buɗe a 2014. Sannan ga matakala kusan 350 kafin ka kai sama. Tafiyar gaba ɗaya takan ci kimanin awa 14, kuma abin da ke naka a ciki bai wuce awa huɗu ba, su ma a daidai lokacin da sauran motocin safa suka juye nasu mutanen a ƙaramin titi guda da ke hawa dutsen. Wurin da mazaunansa ba su wuce 'yan gomomi ba yana karɓar baƙi kusan miliyan uku a shekara. Abin da ya fi komai kyau a can shi ne yadda teku ke cikowa ya kewaye dutsen sannan ya janye, kuma wannan yana da lokacinsa, ba ya jiran jadawalin kamfanin mota. Wanda ke son Mont-Saint-Michel ya kwana a kusa. Wanda ba shi da kwana, ya nemi wani wurin.

Sharaɗi na biyu shi ne ka tambayi kanka ko bas ɗin ma kake buƙata. Wasu garuruwan jirgin ƙasa ya fi kai mutum cikin sauƙi. Chartres, mai majami'ar da aka sake ginawa bayan gobarar 1194, wadda ta shahara da tagoginta na gilashi mai launi, tafiyar awa guda da 'yan mintoci ce daga tashar Montparnasse. Provins, garin da fataken Turai ke haɗuwa cin kasuwa a ƙarni na 12 da na 13, wanda har yau ganuwarsa ke tsaye, jirgin unguwannin bayan gari ne ke zuwa can daga tashar Gare de l'Est. Biyan kamfani ya kai ka waɗannan asarar kuɗi ce. Inda bas ke da rana shi ne wurin da jirgi ba ya zuwa, ko inda za a haɗa maka gari biyu da haɗa su da kanka zai ci maka rabin yini. Misalin da na fi gamsuwa da shi shi ne Rouen da Honfleur, dukkansu a kan kogin Seine a yankin Normandy. Honfleur ba shi da tashar jirgin fasinja sam.

Gari biyu na ce. Wasu kamfanonin sukan ƙara Deauville ko Étretat a kai domin takardar talla ta yi nauyi, sai kowane gari ya tashi da minti saba'in ko tamanin, wanda rabinsa zai tafi a neman banɗaki da layin sayen abinci. Wanda ya ga suna uku ko huɗu a tikitin yini guda, ya san tagar mota ce aka sayar masa.

Rouen, wanda a bakin Faransawa yake fita kamar “Ruwan”, yana da nisan kimanin kilomita 135 daga Paris, kusan Kano zuwa Zariya. Tsohon garin ƙarami ne, duk abin da za ka gani yana tsakanin tafiyar minti ashirin da ƙafa, kuma wannan shi ne babban dalilin da ba ka buƙatar mai tuta a gabanka. Ka fara da babbar majami'ar garin. Hasumiyarta ta baƙin ƙarfe tana da tsawon mita 151, kuma daga 1876 zuwa 1880 babu ginin da ya kai ta tsawo a duniya. Mai zanen nan Claude Monet ya zauna yana kallon fuskarta daga wata taga, ya zana ta kusan sau talatin a farkon shekarun 1890, kowane zane da hasken wani lokaci na yini. Wannan labarin kowane ɗan jagora zai ba ka shi. Abin da ni ya fi tsayar da ni yana ciki, a bayan wurin da limamansu ke tsayawa. Akwai kabarin Rollo, shugaban mayaƙan Viking na arewacin Turai da sarkin Faransa ya yanka wa wannan ƙasa a 911 don ya daina kai masa hari, wanda daga mutanensa ne sunan Normandy ya samo asali. Akwai kuma wurin da aka binne zuciyar Sarki Richard na Ingila, mai laƙabin Zuciyar Zaki. Gangar jikinsa tana can Fontevraud, zuciyar ce kawai aka kawo Rouen bayan mutuwarsa a 1199. Wannan shi ne Richard ɗin da ya gwabza da Salahuddin Al-Ayyubi a Yaƙin Salibiyya na uku, ya ci nasara a Arsuf a 1191, amma ya kasa karɓar Ƙudus, suka yi sulhu a 1192 ya juya. Duk wanda ya tashi yana jin tarihin Salahuddin daga bakin malamai zai so ya ɗan daɗe a nan ya kalli ɗaya ɓangaren labarin. A cikin ayari kuwa, minti biyu ne rabonka, domin ɗan jagora yana da jadawali, kuma yawancin waɗanda ke biye da shi Monet suka zo ji.

Daga majami'ar ka miƙe titin da ba mota a kansa, ka wuce ta ƙarƙashin Gros-Horloge, agogon da injinsa ke nan tun 1389. Hannu ɗaya gare shi, na awa, domin mutanen wancan zamanin ba su da matsalar minti. Yana kuma nuna ranar mako da halin da wata ke ciki. Ƙarshen titin shi ne dandalin tsohuwar kasuwa, inda aka ƙone Jeanne d'Arc da ranta a ranar 30 ga Mayun 1431, tana da kimanin shekara 19. A lokacin garin yana hannun Turawan Ingila, amma kotun da ta yanke mata hukunci ta malaman coci ce, ƙarƙashin wani bishop Bafaranshe, Pierre Cauchon. Bayan shekara 25 wata kotun cocin ta soke hukuncin, kuma a 1920 aka ayyana ta a matsayin waliyyiya. Hukuma ɗaya ce ta ƙone ta, ta wanke ta, ta tsarkake ta, gwargwadon wanda ke riƙe da garin a kowane lokaci. Yau gidajen abinci ne suka kewaye dandalin, mutane na shan gahawa taku kaɗan daga inda aka hura wutar.

Idan lokaci ya rage, akwai wurare biyu da ayari kan tsallake. Ɗaya bangon babbar kotun garin ne, da aka bar ramukan da yaƙin 1944 ya yi masa ba a toshe ba. Ɗayan kuwa Aître Saint-Maclou ne, maƙabartar da aka buɗe lokacin annobar 1348, wadda daga baya aka kewaye da gini mai katakan da aka sassaƙa ƙoƙunan kai da ƙasusuwa da shebur ɗin masu haƙa kabari a jikinsu. Tsakar gida ce shiru, da bishiyoyi. Ba wurin ɗaukar hoton dariya ba ne, wataƙila shi ya sa ba ya cikin talla.

Honfleur yana inda Seine ke faɗawa teku, yana fuskantar birnin Le Havre ta tsallaken ruwa, kuma gadar Normandy da aka buɗe a 1995 ce ta haɗa su. Bambancin garuruwan biyu kaɗai darasi ne. Bama-baman sojojin ƙawance sun baje tsakiyar Le Havre a watan Satumban 1944, aka sake gina shi da kankare. Honfleur ya tsira, shi ya sa dogayen gidajen nan masu siririn gaba suke nan a jere kewaye da tsohuwar tashar jiragen da aka haƙa a 1681 bisa umarnin Colbert, ministan Sarki Louis na 14. Daga wannan garin Samuel de Champlain ya tashi a 1608 ya je ya kafa Quebec a Kanada. Akwai cocin Sainte-Catherine, da maƙeran jiragen ruwa suka gina da katako zalla a ƙarni na 15 bayan dogon yaƙi da Ingila, kuma idan ka ɗaga kai a ciki za ka ga rufin kamar cikin jirgi ne aka kife. Sun gina abin da suka iya ginawa.

To a nan ne maganar ta fi yi mini nauyi. Kyawun Honfleur yana da wani ɓangare da ba ya fitowa a katin hoto. A ƙarni na 18 garin yana cikin tashoshin da jiragen cinikin bayi ke tashi, su nufi gaɓar Afirka da yadi da bindigogi da barasa, su ɗauki mutane zuwa gonakin rake na tsibiran Karebiyan, su dawo da sukari da gahawa da auduga. Nantes ce uwa a wannan harka, jirage fiye da 1,700 suka tashi daga can, amma Normandy ma ta ci rabonta: Le Havre da Honfleur suna fitar da jirage, attajiran Rouen suna zuba jari, masaƙunsa suna samar da yadi. Babbar kasuwar ita ce Saint-Domingue, wadda ta zama Haiti a 1804, kuma a takardun ƙidayar bayin gonakin can na ƙarshen ƙarnin akwai waɗanda aka rubuta asalinsu da kalmar “Aoussa”. Hausa ke nan da alƙalamin Bafaranshe. Faransa ta haramta bauta a 1794, Napoleon ya dawo da ita a 1802, sai a 1848 aka soke ta kwata-kwata. A 2001 majalisar ƙasar ta zartar da dokar da ake kira da sunan Christiane Taubira, wadda ta ayyana cinikin bayi a matsayin laifin cin zarafin bil'adama, kuma a 2023 garuruwan uku, Rouen da Le Havre da Honfleur, suka shirya baje-kolin haɗin gwiwa kan rawar da suka taka. Wato ba ɓoye abin ake yi ba yanzu. Amma ɗan jagoran da aka ba minti arba'in, da ayarin da ya zo hutawa, kuma yana fatan a ɗan sa masa wani abu a hannu a ƙarshe, ba lallai ne ya ɓata wa kowa rai da wannan ba. Kai da ke tafe da ƙafarka, ba mai hana ka zama a bakin ruwan nan ka yi tunanin abin da ya fita ta nan da abin da ya shigo.

Masu goyon bayan ɗan jagora suna da hujjarsu, kuma ba ta banza ba ce. A Faransa ba kowa ke tashi ya ce shi mai bayani ne a gidajen tarihi ba, akwai katin shaida da hukuma ke bayarwa bayan karatu, kuma da yawansu sun san aikinsu ƙwarai. Dattijon da gwiwa ke damu, ko wanda bai taɓa fita waje ba kuma yana fargabar ɓata, ya fi samun natsuwa a cikin ayari. Sannan gaskiya ne cewa dutse ba ya magana: wanda ya tsaya gaban kabarin Richard bai san wane ne Richard ba, gunkin wani mutum a kwance kawai zai gani. Sai dai maganin wannan karatun awa guda ne a daren da za a tafi, kuma shi ne sharaɗi na uku. 'Yan'uwanmu na Nijar da Kamaru da Chadi sun huta, domin allunan bayanin da ke jikin gine-gine da Faransanci suke. Ɗan Najeriya kuwa wayarsa ta ishe shi, ya haska allon ta fassara masa. Matsalar ayari ba jahilcin jagora ba ce, ita ce mutum hamsin ba sa son abu ɗaya, sai a ba su abin da ba wanda zai ƙi.

Akwai kuma haƙƙin garuruwan kansu, wanda mai ziyara bai cika tunawa da shi ba. Waɗannan unguwanni ba sa'a ce kawai ta tsare su ba. Tun 1840 Faransa ta fitar da jerin farko na gine-ginen da za a kare, a zamanin da marubuci Prosper Mérimée ke sufeton gine-ginen tarihi. Wata doka ta 1943 ta ce duk aikin da za a yi a cikin mita 500 kewaye da irin wannan gini sai jami'in gwamnati ya duba, kuma dokar Malraux ta 1962 ta ba da damar kare unguwa sukutum. Ma'ana, mai gida a tsakiyar Honfleur ba ya canza taga ko fentin ƙofa yadda ya ga dama. Shi ke ɗaukar wannan takura da tsadar gyara, mu kuma mu zo mu ɗauki hoto. Garin da mazaunansa ba su wuce dubu bakwai ba yana karɓar miliyoyin baƙi a shekara, gidajen haya suna komawa masaukin 'yan kwana biyu, shagunan da mutanen gari ke buƙata suna komawa na tsarabar baƙi. A watan Yunin 2023 gwamnatin Faransa da kanta ta ce kashi 80 cikin ɗari na harkar yawon buɗe ido ya taru ne a kashi 20 na ƙasar, ta kuma fito da shirin rarraba cunkoson. Mai zuwa yini guda shi ne baƙon da ya fi cika titi kuma ya fi ƙarancin barin kuɗi, domin ba ya kwana.

Ban ce bas marar jagora ta wanke kanta daga wannan ba. Amma mota ɗaya mai ɗauke da mutum hamsin ta fi ƙananan motoci ashirin sauƙi ga ƙaramin gari, kuma idan ta sauke su suka watse bibbiyu da uku-uku, wasu suka hau tudun Côte de Grâce, wasu suka shiga gidan zanen Eugène Boudin, wasu suka bi lunguna, ba su toshe ƙofar coci a dunƙule ba, kuɗinsu ma yakan kai ga mai burodin da ke bayan layi maimakon shago guda da aka saba tsayar da ayari a gabansa.

Saura abubuwan da takardar talla ba ta rubuta don mu ba. Normandy ƙasar tuffa ce, kuma giyar tuffa tana shiga girkinsu sosai. Abincin teku da ake sayarwa a bakin tashar Honfleur, musamman ƙananan kifayen nan masu ɓawo, galibi da farar giya ko ta tuffa ake dafa su, don haka Musulmi ya tambaya kafin ya ce a kawo. Gasasshen kifi da burodi da cuku ba sa ƙarewa. Rouen babban gari ne mai Musulmi da yawa, ba a rasa abincin halal, ya fi kyau a ci a can. Gidajen abinci da yawa daga sha biyu zuwa biyu na rana suke ba da abincin rana, wanda ya zo ƙarfe uku sai ya haƙura da abin da ya samu. Maganar salla, nisan ya wuce na ƙasaru, kuma wanda ba ya cikin ayari shi ke da ikon ware minti goma a wani lambu ba tare da ya tsayar da kowa ba. Lokacin shekara ma yana da tasiri: a Disamba rana na faɗuwa wajen ƙarfe biyar, sai ka isa gari na biyu duhu na shirin yi, a Yuni kuwa har kusan goma na dare da haske. Yuli da Agusta lokacin hutun Faransawa ne, cunkoso ya fi yawa. Ranar Lahadi da yamma babbar hanyar A13 da ke komawa Paris takan cushe da masu dawowa daga bakin teku, ranar Litinin kuma shaguna da yawa a rufe suke. Talata zuwa Alhamis a watan Mayu ko Yuni ko Satumba sun fi, sai dai a lura gidajen tarihi da dama Talata ce ranar hutunsu.

Kuma direba ba ya ƙirga kawuna sau biyu yadda ɗan jagora ke yi. Ka ɗauki hoton motar da lambarta da wurin da ta tsaya, ka riƙe fasfo a jikinka, ka dawo da minti goma a hannu. Wanda bas ta bari a Rouen da sauƙi, jirgin ƙasa zai kai shi tashar Saint-Lazare cikin awa ɗaya da rabi. Wanda ta bari a Honfleur sai ya nemi motar haya ta yankin zuwa Deauville ko Le Havre tukuna kafin ya ga jirgi, kuma waɗannan motocin ba sa kai dare.